Shamurya, dutsen da Ramatu ta ƙaga

Ramatu (Tawa): Assalamu alaikum. Ina neman ku tsefe mini wani abu kafin in yi nisa. Labarin da nake rubutawa yana faruwa a wata ƙasa ta tuddai wadda babu ita a duniya, kuma duk arzikin ƙasar dutse ɗaya ne da ake haƙowa, sunansa shamurya. In yana da sanyi, duk ƙarar da ta zo kusa da shi sai ya shanye ta. In ya yi zafi, sai ya amayar da ita yadda ya sha, da muryar mai ita, har da tari da numfashi. Sau ɗaya yake faɗa, da ya faɗa ya koma fanko. Sarakuna na aika saƙo da shi, attajirai na ƙulla bashi a kansa, mai jin jiki na barin wasiyya a cikinsa. Jarumata ɗiyar mahaƙi ce. Na kai babi na huɗu labarin ya cije, don duk rigimar da na ƙulla sai a ɗauko dutse a gasa, gaskiya ta fito, kowa ya tashi. Me za ku ce?

Sanusi (Madawa): Wa alaikis salam. To ai wannan saƙon murya ne na WhatsApp kika naɗa wa rawani.

Hamadu (Yamai): Bagobiri, bari masu karatu su yi magana. Kai da ba ka taɓa turo saƙon murya ba tare da kukan jaki a bayanka ba.

Sanusi: Jakin ma daga Dosso aka kawo shi, Bazabarme, yana neman danginsa.

Lawali (Yamai): Ku dakata. Ƙanwata, ni duwatsu na karanta, don haka ta nan zan shigo. Kafin komai ki yanke abu ɗaya: dutsen nan kwafar magana yake yi, ko ɗauke ta yake yi? In na tsaya gabanki na yi magana a kansa, ke kina ji na ko ba kya ji? In kwafa yake yi, Sanusi na da gaskiya, salula ce kawai. In kuwa ɗaukewa yake yi, kin samu wani abu dabam.

Na biyu, siffarsa. A zahiri abin da ke shan ƙara shi ne mai ƙofofi da laushi: auduga, bargo, tabarma, yashi. Ƙarar na shiga ƴan ƙofofin ta goggogu ta zama ɗan ɗumi da ba ya ko jiyuwa. Abu mai tauri da santsi kuwa maido ta yake yi, shi ya sa ake jin amsa-kuwwa a ɗakin siminti da ba a sa kaya ba. Don haka kada ki siffanta shamurya da sheƙi da santsi. Ki ba shi ƙofofi, ya zama marar nauyi, mai kaushi a hannu.

Ramatu: Yaya Lawali, ɗaukewa nake so. Wanda ke kusa ba zai ji komai ba, sai dai ya ga baki na motsi. Amma ni na riga na rubuta shi baƙi wuluk mai sheƙi, har ana yin zobe da shi.

Lawali: Ana iya yi masa kube na azurfa. Zobe ma ai matsala ne, ɗumin yatsa kaɗai zai sa shi surutu.

Inna Zali (Tawa): Ni ba marubuciya ba ce, ɗana ya sa ni cikin nan don ina son labari. Amma tambaya gare ni irin ta kasuwa. In na je sayen tulu ko randa, ba na duba ado. Ɗaga shi nake yi da hannun hagu, in ƙwanƙwasa da bayan yatsa. In ya ce "ƙal" ya ja amo, ya gasu kuma babu tsaga. In ya ce "kwaf" ya tsaya, ko mai shi ta rantse ba na saye, akwai tsagar da aka shafe da jar ƙasa. To shi dutsenki da me mai saye zai gane na kirki? In an ƙwanƙwasa ai shanye ƙwanƙwasar zai yi.

Ramatu: Inna, ai kin ba ni amsa da bakinki. Na kirki shi ne wanda aka ƙwanƙwasa ba a ji komai ba. Na jabu zai yi ƙara.

Inna Zali: To wannan fankon ke nan. Wanda aka ce akwai magana a ciki fa? In na ce miki ga wasiyyar kakanki a cikin wannan, ki ba ni jika hamsin, da me za ki tabbatar? In kin gasa kin ƙarar da shi, in ba ki gasa ba ba ki san abin da kika saya ba.

Lawali: Inna ta fi ni kai hannu inda ya dace. Bari in ƙara abin da ke akwai a zahiri, ko Ramatu ta tsinci wani abu. Duwatsu masu amo ba ƙage ba ne. A Birnin Kudu, cikin jihar Jigawa ta Najeriya, akwai manyan duwatsu da in an buga su da ƙaramin dutse suke ƙara irin ta ƙarfe, kuma jikinsu duk gurabun bugu ne na mutanen da. Wani Bature mai binciken kayan tarihi, Bernard Fagg, ya yi rubutu a kansu a shekarun 1950. A Sin an tono wani kabari a 1978 aka samu jerin duwatsun kiɗa 32 waɗanda aka binne tun shekara 433 kafin haihuwar Annabi Isa, alaihis salam. Duk waɗannan masu tauri ne marasa tsaga, irin tulun da Inna ke saye. Ƙara a iska tana cin mita 340 a daƙiƙa, amma a cikin dutse mai tauri tana ninka haka fiye da sau goma.

Sai kuma ƙanƙarar dutse, farar nan mai sheƙi da ake kira kwarz. A 1880 wasu ƴan uwa biyu a Faransa, Pierre da Jacques Curie, suka gano in an matse ta tana fitar da ɗan lantarki. Daga baya aka tabbatar in an sa mata lantarki ita ma motsawa take yi. Agogon hannu mai batir da kuke ɗaurawa, akwai ɗan ƙanƙanin yankinta a ciki yana kaɗawa sau 32,768 a kowace daƙiƙa, da shi agogon ke ƙirga lokaci. Har tozalin da iyayenmu ke sawa, irin dutsensa aka yi amfani da shi a rediyoyin farko don kamo magana daga iska, ba tare da batir ba.

Hadiza (Yamai): Yaya Lawali, da girmamawa, wannan darasin lakwal ne. Ni abin da ke damuna da irin wannan muhawara ke nan. Yarinya ta zo da abin mamaki, ku kuna son ku auna shi da sikeli. Wa ya taɓa tambayar yadda Gizo ke magana, ko ta ina Dodo ke haɗiye gari guda? Ramatu, rubuta dutsenki mai sheƙi, mai karatu ba zai zo da guduma ba.

Baba Mushe (Keita): Hadiza ɗiyata, ban yarda da ke ba, kuma ni na girma da tatsuniya tun babu rediyo garinmu. Gaskiya ne ba a tambayar mi ya sa Gizo ke magana. Amma duba tatsuniyoyin da munka ji ga kakanninmu, kowace da sharaɗinta. A ce ma yarinya ɗauki wanga ƙwai amma kada ki fasa shi sai kin kai wuri kaza. A ce ma saurayi ga mata amma ranar da ka faɗi asalinta ta tafi. Sharaɗin nan shi ka riƙe yara zaune har a ce ƙurunƙus. Abin da ya tsayar da labarin Ramatu shi ne dutsenta ba shi da sharaɗin da ka ciwo. Shina ba kowa abin da yake so, bai amshe ma kowa komi ba.

Hadiza: Baba, sharaɗi na yarda. Mita 340 ce ban yarda ba.

Lawali: Ban ce ta sa lamba a littafi ba. Ita ta sani, don kada babi na tara ya ƙaryata babi na biyu.

Baba Mushe: To ku bari in tambayi abin da ya fi damuna. Ramatu ta ce jarumar ɗiyar mahaƙi ce. Nan Adar mun san haƙar rijiya cikin dutsi, mun san zurfi. Mutum na ƙasa, mutane na sama, abin da ke tsakaninsu igiya da murya. Shi ce "ja", a ja. Shi ce "dakata", a dakata. To cikin ramin shamurya, inda bango duka ke shan murya, mahaƙi da mi zai kira?

Illiya (Abalak): Baba, wannan tambayar tawa ce. Na yi haƙar zinariya a Jado lokacin da mutane suka kwarara can a 2014. Abin da wanda bai shiga rami ba bai sani ba, kunne ya fi ido aiki a ƙasa. Fitilar goshi ba ta nuna maka komai sai abin da ke gabanka. Amma sau da yawa kafin ƙasa ta rufta tana magana: ka ji ɗan "ƙas", ka ji tsakuwa na gangarowa inda ba kowa, ka ji amon guduma ya sauya daga mai ƙarfi zuwa na kogo. Tsofaffin hannu kan ɗaga hannu kowa ya yi tsit, su buga rufi su kasa kunne. In suka ce a fita, ko kana ganin jijiyar zinariya ƙuru-ƙuru sai ka fita.

A ramin Ramatu babu wannan. Ba ka jin gudumarka, ba ka jin na kusa da kai, ba ka jin rufi. In ƙasa ta danne ƙafarka ka yi ta ihu, na gabanka da taku uku yana ci gaba da sara bai sani ba. Ni in ni ne, zan sa mahaƙan nan su riƙa ɗaure juna da igiya a ƙugu, ja ɗaya ma'anarsa kaza, ja biyu kaza. Kuma su riƙa dafa bango da tafin hannu, don girgiza ba a kunne kaɗai ake jin ta ba.

Ramatu: Yaya Illiya, Allah ya saka. Jikina har ya yi sanyi. Ke nan duk ihun da aka yi a rami yana nan cikin dutsen.

Illiya: Ina zai je? Rami da sanyi, dutse na sha. Duk guntun da aka fito da shi cike yake da saran guduma, da haki, da zagi, da addu'ar wanda ke aiki a wurin.

Lawali: Ke nan ɗanyen shamurya ba ya sayuwa. Sai an gasa shi ya zubar da abin da ya sha a rami kafin a kai kasuwa. Haka kowane ma'adini yake, tama sai ta shiga wutar maƙera, farar ƙasar Malbaza sai ta bi ta tanderu kafin ta zama siminti.

Inna Zali: Kuma na san wa za a ba aikin gashin. Maza su haƙo, mata su zauna bakin wuta. Ko'ina haka ne.

Ramatu: Tsaya, tsaya. Jarumata tana aikin gashi. Ubanta ya mutu a rufta wata uku da suka wuce, an ce musu ƙaddara ce. Ran nan ta zuba duwatsu a tanderu, cikin hayaniyar guduma sai ta ji muryarsa. Yana kiran sunan wani, yana cewa kada ya cire tokarar da ke riƙe da rufin ramin. Daga nan shiru. Dutsen ya faɗa, ya koma fanko.

Sanusi: Kai! To yanzu na ajiye wasa.

Hadiza: Wannan na yarda da shi. Amma ku lura, ba lissafin Yaya Lawali ya kawo shi ba, ramin Illiya ne.

Hamadu: Hadiza ba ta faɗuwa ƙasa ko an kayar da ita. Da a filin kokowa ne da tuni ta ɗauki takobi.

Malam Isufu (Ƙonni): Assalamu alaikum, na daɗe ina karantawa. Abin da zan ce ya shafi shaida, tunda yanzu labarin ya koma can. Yarinya ta ji, ita kaɗai, kuma abin da ta ji ya tafi. In ta je gaban alƙalin ƙasar, da me za ta tsaya? Malamanmu sun yi magana mai tsawo a kan shaidar murya. A mazhabar Malikiyya ana karɓar shaidar makaho a kan abin da ya ji, in ya tabbata ya gane muryar. Hanafiyya kuwa ba su karɓa ba, hujjarsu ita ce murya na kama da murya. Ban ce ki ɗauki fiƙihu ki kai ƙasar da babu ita ba, amma alƙalan ƙasarki dole su yi irin wannan saɓani, kuma saɓanin zai ba ki babi guda.

Sai maganar bashi da kika ambata tun farko. Kin ce dutsen ɗauke magana yake yi, na kusa ba ya ji. To in na ci bashinki, aka kawo dutse na sa baki a kai, ke ba ki ji abin da na ce ba. Ina iya cewa na karɓi raƙumi goma, ina iya cewa ban karɓi komai ba, ina iya karanto miki waƙa. Sai bayan shekara a gasa a ji. Ayar bashi a Suratul Baƙara, ta 282, wadda ita ce mafi tsawo a Alƙur'ani, cewa ta yi a rubuta kuma a kafa shaidu. Dutsenki bai ɗauke wa mutane neman shaidu ba.

Ramatu: Allah ya gafarta Malam, in an yi duwatsu biyu fa, a gasa ɗaya nan take a ji, a ajiye ɗaya?

Malam Isufu: In lokaci ɗaya suka sha, raba maganar za su yi, tunda ɗauka suke yi ba kwafa ba. In kuma bi da bi ne, zai faɗa wa na farko gaskiya ya faɗa wa na biyu abin da ya ga dama.

Lawali: Malam ya kama ki da dokarki.

Baba Mushe: Akwai mafita, kuma tana da kyau. Wa ka gane magana ba da kunne ba? Kurame. Na koyar da wani yaro kurma shekarun baya, in ka juya mishi baya bai san kana magana ba, amma in shina kallon bakinka sai ka yi mamakin abin da ya tsinta. Kuma suna da maganar hannu tasu. A ƙasar Ramatu, kurame su ne shaidun dutsi. Ba a ƙulla bashi sai da kurma zaune shina kallon leɓe. Su ne manyan ma'aikatan rami kuma, don shiru bai firgita su. Ke nan mutanen da munka saba gani ana tausaya ma, can su ka riƙe da amanar gari.

Hadiza: Wannan ya burge ni, Baba. Sai dai kada a mai da su waliyyai. A samu kurman da ake saye da kuɗi, a samu mai tsoro, a samu wadda ta ga abin da bakin sarki ya faɗa ta kwana ba barci.

Hamadu: Ni tambayata ta ɗan kasuwar hanya ce. Ramatu, a Tawa kike zaune. A watan Afrilu da Mayu zafi na wuce digiri 40 a inuwa, dutsen da ke rana kuwa ba ya taɓuwa. In ƙasarki ta yi kama da tamu, ɗan saƙon sarki bai kai zangon farko ba dutsen zai fara zuba a cikin jaka. Raƙumi ne zai ji sirrin sarauta.

Lawali: Sai ta ce wuta kaɗai ke buɗe shi, rana ba ta isa.

Ramatu: A'a, wannan ba zan gyara ba, matsalar nake so. A bar rana ta zama abokiyar gaba.

Illiya: To ki duba yadda ayarin gishirin Bilma ke yi. Ba a keta hamadar Tenere da bazara, sai zafi ya sauka, daga wajen Oktoba. Saƙon dutse ma zai zama yana da lokacinsa. Da bazara ƙasa ta yanke, kowane hakimi ya yi abin da ya ga dama, don ya san umarnin sarki ba zai iso da ransa ba.

Inna Zali: In dole ce ta kama, akwai dabara. Ba ku ga bidon da ake ɗinke wa buhu a jiƙa a rataya ba? Iska na bugawa ruwan ciki na sanyi. Salka ma haka take. A sa dutsen cikin ƙaramin tulu, a naɗe da jiƙaƙƙen buhu, a yi ta yayyafa ruwa. Sai dai fa ruwan da mutum zai sha shi zai riƙa ba dutse. In rijiya ta yi nisa, sai ya zaɓa.

Sanusi: Ni dai shanyewa zan yi, in zauna in saurari saƙon, in kai shi da baki.

Malam Isufu: Ka faɗa da wasa, amma abin da zai faru ke nan. Daga nan sai a koma tambayar wane ne shi, wa ya san shi da gaskiya, daga wa ya ji. Magana zarar bunu ce ko a dutse aka sa ta.

Lawali: Tunda rana ta shigo, ga wani abu na tarihi. A Luksor ta Masar akwai manyan gumaka biyu na Fir'auna Amenhotep na Uku. Bayan ɗaya ya tsage, wanda ake dangantawa da girgizar ƙasa ta shekara 27 kafin haihuwar Annabi Isa, sai aka riƙa jin yana fitar da wani amo da hudowar rana. Girkawa da Rumawa suka riƙa zuwa saurare, har suna sassaƙa sunayensu a ƙafarsa. Galibin masana na ganin ɗumin safe ne ke aiki a kan raɓa da iskar da ke cikin tsagar. Da aka gyara gunkin a zamanin Rumawa sai ya daina. Ki yi tunanin tsaunin shamurya da ke fili: dare ya sha kukan kura da hirar matafiya, hantsi ya amayar. Babu mai kwana kusa da shi sai wanda ba shi da abin ɓoyewa.

Illo (Illela): Ni ɗan gidan kiɗa ne, kalangu muka gada, kuma tun ɗazu nake jiran a zo kanmu. Da farko na ɗauka dutsen nan zai kashe mana kasuwa, yadda lasifika da kebul suka rage kiran makaɗa a biki. Da na sake dubawa sai na ga akasin haka, tunda sau ɗaya yake faɗa. Wanda ya sa aka yi masa waƙa a dutse ya sayi ji ɗaya ne tak. Ku duba abin da zai biyo baya. Babban mawaƙi ya mutu, ya bar duwatsu bakwai. Wa zai yarda ya gasa nasa? Kowane aka gasa, sauran sun ƙara tsada. Sai a wayi gari sarki na da taska cike da muryoyin matattu, yana alfahari da su, shi bai ji ba, bai bar kowa ya ji ba. Jikan mawaƙin na bakin fada yana roƙon a bar shi ya ji muryar kakansa.

Kuma mu makaɗa mun san wani abu: kiɗa ba a iska kaɗai yake ba. Kalangu a hammata yake, kana matsa tsarkiya kana sassautawa, amon na bi ta haƙarƙarinka. In aka ce in yi kiɗa a gaban dutsen da ke shanye amon, ni ba na jin abin da nake bugawa, sai wanda hannunsa ya haddace zai iya. Ke nan makaɗan dutse aji ne na musamman, tsofaffi ƙalilan.

Inna Zali: Kuma rabin taskar sarkin nan fanko ne, na rantse. An sayar masa da shiru.

Lawali: Abin da Illo ya faɗa ba shi da nisa da zahiri. Na'urar farko da Edison ya yi a 1877 a kan takardar kuza take ɗaukar murya, ana saurare kaɗan take lalacewa. Nan Yamai kuma akwai cibiyar CELHTO, wadda tun 1968 aikinta tattara tarihin baka, an ɗauki muryoyin tsofaffi da maroƙa a faifai. Faifan zare ba ya son zafi da ƙura, shi ya sa ko'ina a duniya ake gaggawar juye irinsu a kwamfuta.

Hadiza: Yanzu kayan sun yi yawa. Ramatu, kada ki kwashe duka. Taskar sarki, kurame, ayari, alƙalai, kowanne littafi ne. Ki riƙe yarinyar da tanderunta. Sauran su leƙo ta gefe.

Baba Mushe: Nan kam mun haɗu da Hadiza. Amma ina da buƙata guda: kada ki mance wa ke cin arzikin. Tun 1971 ake fitar da uraniyum daga Arlit, kowa ya san tambayar da ƴan ƙasa sunka daɗe suna yi game da shi. Ba sai kin yi wa'azi ba. Ki nuna muna gidan mahaƙi, ki nuna muna ko shi ya taɓa mallakar dutsi guda da zai bar ma ɗiyansa magana.

Ramatu: Ba shi da shi, Baba. Shamurya wankakke ya fi ƙarfin mahaƙi. Shi ya sa abin da ta ji a tanderu shi ne kaɗai abin da ya bar mata, kuma bai san ya bari ba. Ga yadda na tsara: ba ita kaɗai ce a bakin wuta ba. Akwai wata tsohuwa mai gashi tare da ita, ta ji sunan sarai, amma ɗanta na aiki ƙarƙashin mutumin da aka ambata. Da yarinyar ta juyo ta dube ta, sai tsohuwar ta ce ita guduma kawai ta ji.

Malam Isufu: Ke nan shaida na nan, ta ƙi bayarwa. Wannan ya fi babu shaida nauyi.

Illiya: Kuma ki tuna ba guntu ɗaya ne a wurin da ya faɗi ba. Bangon da ke kewaye da shi duka ya sha, kowane yanki da rabonsa. An fasa shi, an loda a mangala dabam dabam. Wani na tanderun gaba, wani wataƙila ba a gasa ba tukuna.

Ramatu: To ai babi na biyar ke nan. Za ta bi mangalolin ramin da ya rufta kafin su shiga wuta, kuma wannan karon sai ta tara mutane kafin ta gasa. Yaya Illiya, zan biyo ka ta akwati da tambayoyi a kan tokara, da irin itacen da ake sawa da yadda ake cire ta.

Lawali: Sheƙin fa?

Ramatu: Na cire. Zoben dai yana nan, da kubensa na azurfa, a hannun mutumin da ya cire tokarar.

Sanusi: In an buga littafin a aiko mini da nawa Madawa, kuɗin mota a wuyan Hamadu.